Igiyar Ƙarshe a Gaban Kyamara

Sama'ilu bai gama kafe babur ɗinsa a gindin darbejiyar ƙofar gida ba, Malam Sabo ya ɗaga masa hannu daga kan buzu.

"Tsaya daga nan."

Huseina tana kici-kicin kwance rabin buhun masarar da suka ɗauro tun daga Kano, sai hannunta ya tsaya cak. Shekara goma sha uku da aurenta, ba ta taɓa jin mahaifinta ya yi wa mijinta magana da wannan muryar ba. Tsakaninsu sai kunya irin ta surukai, wannan ya tuɓe takalmi tun daga nesa ya durƙusa, wancan ya amsa gaisuwa yana kallon ƙasa.

"Baba, lafiya?"

"Ke shige ciki wurin uwarki. Kai kuma Sama'ilu, Allah ya sani ba na ƙin ka. Amma daga yau ba ka da hanyar shiga gidan nan. Igiya ɗaya ta rage muku, ka tsinke ta da bakinka, duk Unguwar Shago shaida ce."

Sama'ilu ya tsugunna a inda yake, hularsa a hannu. Bai tambayi me ya faru ba, bai tambayi yaushe ba. Wannan shirun nasa shi ya fi komai kashe wa Huseina jiki, don nan ta gane abin da take gudu sati uku ke nan, shi ma shi yake gudu.

"Baba, wasa ne fa... wasan talabijin ne..."

"Na ce ki shiga ciki."

Ta shiga tana waiwaye, har soro ya raba idonta da mijinta.

To, bari ka ji wace ce Huseina. In ka tsaya a tsakiyar kasuwa a birni ka tambayi mutum goma, da wuya ka samu ɗaya da zai ce ya santa. Amma ka ce musu matar nan da take leƙowa ta katanga a wasan kwaikwayo na ran Alhamis tana neman aron rariya, nan da nan za ka ji an kwashe da dariya ana cewa ai maƙwabciya ce.

Ita ke nan. Shekara takwas tana leƙen katanga. Ran da ba a buƙatar maƙwabciya ta zama mai fura, ko ungozoma, ko ɗaya daga cikin matan da ke zaune a gidan biki suna guɗa. Ta shiga harkar ne ba da niyya ba. Sama'ilu direba ne a gidan talabijin, wata rana ta kai masa abinci ta tarar ana ɗaukar fim ɗin majigi a kan takin zamani, 'yan matan birni sun riƙe fartanya kamar taɓarya. Ta yi dariya har da ƙwalla, ta karɓa ta nuna musu. Daga ranar ta zama 'yar gida.

Manyan 'yan wasa ana raɗa musu suna na musamman, har mutane su manta da na gaskiyar. Ita kuwa wa zai ɓata lokaci ya raɗa wa mai aron rariya suna? Da sunanta na yanka ake kiranta a kowane wasa, ita ma ko a jikinta.

Mai kallonta guda ɗaya ne da ba ya ƙiftawa. Duk Alhamis Sama'ilu zai zauna gaban akwatin talabijin yana jira, ta leƙo ta faɗi maganarta ta ɓace, shi kuwa ya juyo da fara'a kamar an yi masa albishir da Makka. Sai ya ce, Seina, yau fa magana huɗu kika yi, na ƙirga. Allah bai ba su haihuwa ba, kuma bai taɓa ɗaga kai ya dubi wata ba. In dangi suka dame shi sai ya ce shi kunnensa ɗaya ne, kuma Seina ta riga ta cika shi da surutu.

Kunnen ɗaya gaskiya ne. A yaƙin basasa ya baro ɗayan, ya dawo gida da zuciya kamar busasshen kara a bakin murhu. Watansu biyar da aure ya sake ta a kan tukunyar da ta faɗi ta firgita shi, kafin sati ya zo yana kuka aka yi kome. Na biyun a shekarar babban fari ne, yunwa ta sa kowa ya zama mafaɗaci, suka yi cacar baki ta ce masa da ma bai dawo daga yaƙin ba. A wannan karon Malam Sabo da kansa ya ajiye kunya ya zaunar da shi a gaban liman da dattawa, ya nuna masa yatsa ɗaya ya ce saura wannan, in ta tsinke babu mai iya ƙulla ta.

Sama'ilu ya ɗauki matarsa suka koma birni. Tun daga nan, da ya ji ransa ya fara tafasa sai ya ɗauki buta ya fita. Shekara goma sha ɗaya yana haka, har Huseina takan tsokane shi ta ce ya fi limamin unguwa yawan alwala. Zama suka yi irin wanda maƙwabtan gaske suke kwatance da shi.

Sai shekarar nan ta zo, wadda kowa ya ji a jikinsa. Damina ta yi gardama, a birni ana bin layi rana tsaka don sabulu da madara. A gidan talabijin ma kaset ya zama gwal, sabo ba ya shigowa, sai dai a goge tsoho a ɗora wani a kai. Man janareta kuwa da ma'auni ake ba da shi. Don haka darakta Basiru ya kafa doka: in kyamara ta fara, ba a tsayawa, ba a maimaitawa, ko tuntuɓe ka yi ka faɗi, da shi za a nuna.

Kuma a wancan lokacin ba a rubuta wa ɗan wasa magana. Darakta zai tara su a kan tabarma ya ba su labarin da baki, ya ce kai ka yi faɗa, ke ki yi yaji, sauran kuma kowa abin da ya zo bakinsa.

Ran nan Basiru ya kira Huseina ya ce yau za a tsallaka katangar, za a shiga gidan maƙwabciya a ga nata zaman. Minti shida cur nata ne. Wayyo, sai da ta shiga bayan labule ta yi 'yar rawa. Shekara takwas tana jiran minti shidan nan.

Mutumin da zai fito a mijinta bai zo ba, aka ce ɗansa ne ba lafiya. An kunna janareta, mai yana ƙonewa. Basiru ya waiga ya hango Sama'ilu yana goge gilashin mota, ya ce a kira shi. Sama'ilu ya ce shi bai iya ba. Basiru ya ce haba, matarka ce fa, faɗa kawai za ka yi mata a kan tuwo ya yi latti, wane magidanci ne sai an koya masa wannan? Huseina ma ta roƙe shi da ido, don in aka fasa yau, Allah kaɗai ya san ranar da za a sake tsallaka katangar.

Aka haska musu fitilu masu zafi. Sama'ilu ya fara faɗan a sanyaye, yana yi yana sunkuyar da kai kamar mai neman gafara. Basiru daga bayan kyamara yana ta yi wa Huseina nuni da hannu, ƙara wuta, ƙara wuta. Ta ga minti shidanta yana zubewa a ƙasa kamar ruwan tulu. Ta laluba cikinta tana neman maganar da za ta tashe shi, kuma ta san wadda za ta yi aiki, wa ya fi ta sani? Ta riƙe ƙugu ta dube shi ido cikin ido.

"Kai har kana da bakin magana? Da ma ba ka dawo ba, da na huta."

Ta ga lokacin da idonsa ya juya. Jijiyar wuyansa ta miƙe, hannunsa ya laluba gefe inda buta take zama a gida, babu buta.

"Huseina, je ki gidanku. Na sake ki."

Da aka kashe kyamara ɗakin ya ɗauki tafi. Basiru ya rungume Sama'ilu yana cewa ashe gwani suka ajiye yana jan mota. A hanyar gida Sama'ilu ya ce ai wasa ne, ta ce wasa ne mana. Suka yi dariya mai ƙarfi, irin wadda ba ta kai ciki ba, kuma daga ranar babu wanda ya sake tayar da maganar.

Mutanen birni sun kalla sun yi dariya sun wuce. Amma a Unguwar Shago akwai talabijin ɗaya a ƙofar dagaci, kuma duk Alhamis gari yake taruwa don ganin 'yar Malam Sabo ta leƙo ta katanga. Da suka ga har da mijinta sai aka ɗauki shewa. Da kalmar ta fito kuwa, aka yi tsit. Dattawan da suka zauna a zaman saki na biyu suna wurin, suka dubi juna, wani ya ɗaga yatsu uku. Kafin gari ya waye magana ta isa kunnen Malam Sabo.

Kwana uku Huseina tana ɗakin mahaifiyarta Inna Asama'u, ba ci ba sha sai kuka. Sama'ilu bai koma Kano ba. Ya sauka a soron wani kawunsa a ƙarshen gari, kullum da safe ya ɗauki lauje ya shiga gonar Malam Sabo yana yankan ɗan geron da fari ya bari, babu wanda ya sa shi, babu kuma wanda ya hana shi.

A rana ta huɗu ta sami mahaifinta a gindin rumbu yana ɗaure dami. Ta durƙusa ta gaya masa duk abin da ta tanada. Ta ce a wasan nan an sha kashe mutum ya tashi ya ci tuwo, an sha ɗaura aure babu sadaki, ita kanta ta yi ungozoma sau nawa ba ta taɓa yanke cibiya ba. Don me sai wannan kaɗai zai zama gaskiya?

Malam Sabo ya ce wanda aka kashe da wuƙar katako bai mutu ba, amma saki ba shi da na katako, da baki ake yin sa, kuma bakin na mijinta ne. Ya ce tun yana yaro aka karantar da shi cewa aure da saki ba a yi musu wasa.

"Baba, in ka raba ni da shi ka kashe ni."

Tsohon ya saki damin. Sai a lokacin ta ga idonsa ya yi ja, ashe shi ma bai runtsa ba.

"Ke ce kika fi soyuwa gare ni a cikin 'ya'yana, kin sani. Kina tsammani daɗi nake ji? Yaron nan ya riƙe ki da amana, ko ɗan cikina bai fi shi ba. Amma in na yi shiru, na tura ki ɗakin da ba na mijinki ba, me zan ce ranar da aka tambaye ni?"

Ta kifa kai a kan damin geron ta yi ta kuka, shi kuma ya tsaya a kanta ya rasa inda zai sa hannunsa.

Washegari sai ga Basiru a motar kasuwa, da faffaɗan wando da jaka a kafaɗa, ya zo gyara ɓarna. Har da albishir ya taho, wai masu kallo sun yi ta aiko wasiƙu, za a ba Huseina babban matsayi a sabon wasa. Huseina tana bayan ƙyauren soro tana ji, wallahi ko gezau zuciyarta ba ta yi ba. Abin da ta yi shekara takwas tana mafarki ya iso ranar da ba ta da inda za ta ajiye shi.

Basiru ya zauna ya yi ta zuba bayani, har da turanci a ciki. Malam Sabo ya bar shi ya gaji don kansa, sannan ya ce to madalla, a nuna masa takardar da aka rubuta wa Sama'ilu maganar. Basiru ya ce ai su ba sa rubutawa. Malam Sabo ya ce to shi Basirun ne ya umarci Sama'ilu ya ce ya sake ta? Basiru ya sosa ƙeya ya ce a'a, faɗa kawai ya ce ya yi. Tsohon ya ce to matar cikin wasan, wane suna aka sa mata?

Basiru ya sunkuyar da kai ya ce Huseina, sunanta na yanka. Da bai zo ba ma da ya fi.

Inna Asama'u ce ta samo ƙofa. Ta tsare mijinta ta ce shi ba alƙali ba ne, uba ne, kuma uban da ransa yake ƙuna bai kamata ya yanke hukunci shi kaɗai ba. A kai maganar garin Kunci wurin Malam Muhammadu Sani, wanda shi kansa Malam Sabon yake zuwa ɗaukar karatu a gabansa. Malam Sabo ya amince nan take, har da saurinsa, kamar da ma jira yake a sauke masa kayan. Ya ce duk abin da Malam ya faɗa, shi ke nan.

Malam Muhammadu Sani tsoho ne tukuf, bai taɓa kallon talabijin ba, amma ya saurari labarin tiryan-tiryan, ya yi tambaya kusan ashirin. Daga ƙarshe ya ce wannan sabon al'amari ne, kuma malamai za su iya saɓawa a kai. Shi dai abin da ya fahimta, mai ba da labarin maganar wani ba a kama shi da ita. In Sama'ilu zai dafa Alƙur'ani ya rantse cewa lokacin da ya furta kalmar yana sane wasa yake, yana magana ne da bakin mutumin cikin labari ba da matarsa ba, to aure yana nan, sauran kuma tsakaninsa da Ubangijinsa. Ya ce su je su dawo jibi bayan la'asar, kada a yi gaggawa.

Huseina ta dawo gida kamar ba ta taka ƙasa. Ta ci tuwo malmala biyu, ta wanke zannuwanta, har ta fara tsokanar Inna. Rantsuwa ɗaya! Me ya fi wannan sauƙi? Kowa ya san wasa ne, ga kyamara, ga fitilu, ga Basiru yana ɗaga hannu.

Da hantsi ta roƙi Inna ta raka ta gona. Inna ta tsaya daga gindin kuka tana tsinkar ganyen da babu shi, Huseina ta ƙarasa bakin kunyar gero ta tsaya nesa da mijinta kaɗan. Sama'ilu ya rame, wuyansa ya yi tsawo, duk ƙaiƙayi ya bi masa jiki.

"Rabin raina, ka ji abin da Malam ya ce?"

"Na ji, Seina."

"Jibi war haka muna hanyar gida. Na bar wake a jiƙe fa, ban san halin da yake ciki ba."

Ya yi murmushi, amma bai ɗago ba. Ya ci gaba da murza zangarniyar gero a tafin hannunsa, babu ko ƙwaya goma a jikinta.

Ta ce masa ta yafe wasan har abada, ko babban matsayin ma ba ta so, a ba wata. Ta ce laifinta ne, ita ta ɗauko maganar da suka binne shekara goma sha ɗaya, saboda minti shida. Ya ce kada ta sake faɗin haka, ai ta yi kyau a wasan, ya ƙirga maganarta har ya ɓace a lissafi.

Akwai tambaya ɗaya a bakinta, ta zo har kan harshe. Ta dube shi, ta tuna yadda idonsa ya juya a ƙarƙashin fitilun nan, sai ta haɗiye ta. Tsoro ne ya hana ta, ba komai ba. Abin da ta iya cewa kawai shi ne zai zo ko?

"Zan zo," in ji shi.

Ranar ta zo. A soron Malam Muhammadu Sani aka shimfiɗa tabarmi, ga Malam Sabo, ga limamin Unguwar Shago, ga dattawa biyu. Huseina da Inna suna zaune daga cikin gida, asabari ne kawai tsakaninsu da maza, tana hango komai ta 'yan kafofinsa.

Sama'ilu ya shigo da ɗanyar alwala, ruwa na ɗiga daga gemunsa. Ya sa farar rigarsa ta sallah, wadda ita ta zaɓa masa yadin. Aka buɗe gafaka aka ajiye Alƙur'ani a gabansa. Malam ya maimaita masa abin da zai faɗa, a hankali, a kunnensa mai ji.

Ya miƙa hannu. Huseina ta damƙe hannun Inna har sai da tsohuwar ta yi ƙara. Hannunsa ya tsaya a sama, tazarar ɗan yatsa.

Sai ya janye hannun ya ɗora a cinyarsa.

"Allah ya gafarta Malam, ba zan iya ba."

Malam Sabo ne ya fara magana. Mutumin da ya tare ƙofa, shi ne yau yake cewa, yaro, yi tunani, kada ka yi sauri, tuna da kyau.

"Baba, na tuna. Sati huɗu ba abin da nake yi sai tunawa. Da farko na san wasa nake. Amma da ta faɗi maganar nan, wallahi ban ƙara ganin kyamara ba, ban ga Basiru ba, ban ga kowa ba. Ɗakinmu na da na gani, shekarar fari. Ita na gani... matata. Kuma da ita nake."

Malam Muhammadu Sani ya tambaye shi ko hankalinsa ya gushe ne a lokacin, har bai san abin da yake faɗa ba. Ƙofa ce tsohon ya sake buɗe masa, kowa a soron ya gane. Huseina ta rufe ido tana cewa a ranta, ka ce e, don Allah ka ce e.

"Ina cikin hankalina. Fushi ne kawai, irin na da."

Malam ya rufe gafakar a hankali. Ya ce innalillahi, ya yi addu'a, ya ce Allah ya saka wa mai gaskiya. Malam Sabo ya ja hannun rigarsa ya rufe fuska, kafaɗunsa suna girgiza a gaban mutane, bai damu da wanda ya gani ba.

Huseina ba ta san lokacin da ta tashi ba. Ta fita ta ƙofar baya ta zagayo, ta same shi a bakin hanya yana sa takalmi, ya kasa zura ƙafa ɗaya. Ta tsaya taku uku daga inda yake. Shekara goma sha uku, yau taku ukun nan ba ta da ikon cike su.

"Me ya sa, Sama'ilu? Kalma ɗaya ce fa. Babu wanda zai sani..."

"Ni zan sani, Seina."

"To ni fa? Ka tuna da ni da ka janye hannun?"

"Ke kaɗai na tuna." Hawaye yana bin gemunsa, bai share ba. "Da na rantse, kowace safiya za ki kawo mini koko, ki zauna kusa da ni kina dariya, ke ba ki san komai ba, ni kuma ina kallonki na san sato ki na yi. In sa ki cikin haram da hannuna, ke da na fi so a duniya? Ki yafe mini."

Ta so ta zage shi, ta so ta ce ya cuce ta. Amma wannan gaskiyar tasa ita ce abin da ta so a wurinsa tun farko, kuma ita ce yau ta raba su. Ta dafe ƙirji da hannu biyu, kukan ya ƙwace mata a tsakiyar hanya, masu dawowa daga kasuwa suna tsayawa suna kallo.

"Da ka sace ni," ta ce. "Wallahi da ka sace ni, ni ban ƙi ba."

Ya ɗauki takalmin da ya gagare shi a hannu, ya juya ya nufi tasha da ƙafa ɗaya a ƙasa.

Malam Sabo ya fito daga soro ya tsaya a bayanta. Ya jira har farar rigar ta sha kwana. Sannan ya kira sunanta a hankali, ya ce ta zo su tafi gida kafin rana ta faɗi.